Masu Haƙa Kabarin Ras Hopeton

Miss Icilda Bent ba ta taɓa shiga sinima don jin daɗi ba. Duk zuwan da ta yi, ta je ne ta ga wace sabuwar kunya ƙanenta Hopeton ya jawo wa gidansu. Sai dai ba a taɓa tashi daga kallo ba sai ta zunguri na kusa da ita ta ce, "Ka ga mai igiyoyin gashin nan? Ni na goya shi."

Gaskiya ta faɗa. A Cedar Gap, ƙauye can kan tudun gundumar Manchester a tsibirinsu, uwarsu Miss Adina kullum tana hanyar kasuwa da doya a ka, ubansu kuwa ya tafi yankan rake a ƙasar waje, tun daga nan ko labarinsa. Icilda ce ta yi wa Hopeton wanka, ita ta dake shi, ita ta ja shi coci da kunne. Yaro ne mai kwaikwayon tsiya. Zai hau gangar ruwa ya yi tarin fasto, ya sauko ya yi tafiyar malamar makaranta, abokinsa Egbert yana ƙasa yana birgima don dariya. Su biyun nan ba a ganin ɗaya sai da ɗayan. In mangwaro ya ɓace a unguwa ba a tsayawa bincike, gidajensu ake nufa.

Ya tafi Kingston, babban birnin tsibirin, koyon kafinta yana saurayi. Da ya dawo babu zarto babu guduma, sai gemu, da gashi da ya murɗe ya zubo har kafaɗa. Ya zama Rasta. Miss Adina ta ɗora hannu a ka. A zamanin nan barin gashi haka ba ado ba ne, neman fitina ne: a tare mutum a hanya a aske shi da ƙarfi, kwandasta ya hana shi shiga mota, mata su janye 'ya'yansu in ya wuce. Hopeton ko a jikinsa. Ya bar nama, ya bar gishiri, ya ce sunan Ubangiji Jah, gida kuma Habasha, tsibirin nan Babila ce, ƙasar bauta, zaman wucin gadi ake yi a cikinta. Icilda ta ce in Babila ce ya daina cin doyarta. Ya ce doya ta Jah ce, ya ƙara ɗaukar wani yankin.

Ya koma birni. Tsintsiya yake ɗaurawa yana talla a titunan Kingston lokacin da fim ya same shi. Wata rana masu shirya fim suka tare wani layi kusa da kasuwa suka kafa kyamara, shi kuma ya ratso da daminsa a ka yana kiran ciniki. Aka daka masa tsawa ya kauce. Sai ya sauke dami, ya ƙare wa daraktan kallo, ya tambaye shi yaushe ya sayi titin, kuma a hannun wa. Ya yi ta zuba masa magana, 'yan kasuwa suna shewa, mai kyamara kuwa bai kashe ba. Da aka wanke hoton aka ga duk aikin ranar babu abin kallo kamar mai tsintsiya. Aka bazama nemansa.

Daga nan ƙofa ta buɗe. Ya fito a mai tuƙa kwalekwale, ya fito a mai maganin gargajiya, ya fito a uban da 'yarsa ta gudu birni, ya fito a direban tasi mai wa'azi ba a tambaye shi ba. Ba ya haddace abin da aka rubuta masa. A gaya masa me ake so ya faru, sai ya ce kowa ya matsa. Mutanen da tun tasowarsu ba su ga irinsu a fim ba sai a ɓarawo ko mahaukaci, suka ga nasu ya cika allo, yana magana da bakin unguwa, ba wanda ya isa ya ce masa yi shiru. Samari suka kwashi tafiyarsa. Kwandastocin da suka hana shi shiga mota suka koma tayar da mutum daga kujerar gaba saboda shi.

Abu guda ne ba a taɓa samu a wurinsa ba: ya mutu a fim. Rastan dauri ba ya harka da mutuwa. Ba ya taɓa gawa, ba ya zuwa jana'iza, ko kalmar ba ya son ta bi ta bakinsa, domin a ganinsa mai rai da rai zai yi hulɗa. 'Yan baya sun sassauta. Hopeton bai san sassauci ba.

"Ras, kwanciya kawai za ka yi fa," in ji wani darakta da ya rubuta a harbe shi. "Ka rufe ido, in na ce yanke ka tashi."

"Kai ka kwanta, ni in ce maka yanke."

"Wasa ne, ɗan'uwa!"

"To ka yi wasanka da wani. Ni ba na gwada rigar mutuwa in ga ko ta yi mini daidai."

Dole aka sake labarin. Aka harbe shi ya faɗa kogi, can gaba aka gan shi a ɗaya gaɓar yana matse gashi. A wani fim ɗin gida ya ƙone da shi a ciki, sai ga shi ya ɓullo ta gonar rake yana tari. Abin ya zama nasa. Da an ɗaga masa bindiga 'yan kallo za su fara dukan kujeru suna ihu, "Ƙaro harsashi, malam, wannan ba ya jin guda ɗaya!" Har wasu Turawa suka zo da babban aiki da za a ɗauka a ƙasarsu, komai ya daidaita, sai aka ce akwai wurin da zai kwanta a akwatin gawa. Ya ce su sa tsintsiya a ciki, zai ba su kyauta. Ya koma gida a ƙafa, yana gaisawa da mutane.

A sinima abin dariya ne. A Cedar Gap ba wanda ya yi dariya.

A garin ba a biyan kowa ya haƙa kabari. Gawa tana can wurin masu ajiya a birnin Mandeville, a nan kuma a sa rana, maza su hau filin gidan da diga da shebur, mata su ɗora tukwane, a yanka akuya a yi farfesun kai, kwalbar farar giyar rake ta zagaya. A haƙa, a jera bulo, a shafe da siminti, ana zolayar juna ana tuna mamacin. Kowa yana zuwa na kowa, don kowa ya san nasa na tafe. Hopeton bai taɓa ɗaga wa kowa shebur ba.

Ranar da aka binne Miss Adina ya zo daga Kingston har gadar bakin gari. Ya zauna a kan katangar gadar, ya ji ƙararrawar coci ta buga ta gama, ya juya. Icilda ta yi shekaru ba ta amsa gaisuwarsa. Ba wani sulhu aka zauna aka yi ba. Guguwa ce ta yaye mata rufi, ta fito da safe ta gan shi a sama yana buga ƙusa, ashe kafintan bai tafi duka ba. Ta shiga kicin ta dafa miyar kabewa ba gishiri. Shi ke nan. Amma ba ta manta ba, kuma ba ta taɓa yin kamar ta manta ba.

Da girma ya kama shi, aikin fim ya ja baya, sai ya dawo ya kafa bukka a saman filin gidansu, yana noman alayyafo da rogo. Ɗalibai masu koyon fim sukan hau tudun su zauna a gabansa, ya sa su tsinkar wake kafin ya ce musu uffan. Icilda ta maƙala masa yaran coci ya koya musu wasan kwaikwayon Kirsimeti, kuma tun daga lokacin har garuruwan maƙwabta ake zuwa kallo, don makiyayan nasa faɗa suke yi na gaske a kan wa ya bar tunkiya ta ɓace. Wasan Ista kuwa, da yake akwai mutuwa a cikinsa, ya ce a nemi wani. A shekarun nan ne babbar mota ta buge Carlton, ɗan Egbert guda ɗaya tilo. Hopeton yana bukkarsa, waƙar jana'iza tana hawa tudun har kunnensa, bai sauko ba. Egbert bai ƙara yi masa magana ba.

Wata safiya Icilda ta kai masa kunu ta same shi zaune a gindin bishiyar lemo, ya jingina, fartanya a kan cinya. Ta yi masa faɗan barcin hantsi. Ta sake yi. Sannan ta ajiye kwanon a ƙasa a hankali, ta zauna kusa da shi, ta yi kukan da ba ta yi ba tun rasuwar uwarsu.

Rediyo ya faɗi rasuwarsa, jarida ta buga hotonsa, aka yi ta nuna tsofaffin finafinansa. Masu fim suka bugo waya suka ce a bar musu, za su binne shi a babbar maƙabartar Kingston, da jawabai da furanni, injin ya haƙa ramin cikin ɗan lokaci. Icilda ta ce sun gode. Cibiyar Hopeton a filin nan aka binne ta, uwarsa a nan take kwance, nan zai kwanta. Kuma hannun mutanen garinsu ne zai haƙa masa, ba injin ba, ba ɗan ƙwadagon da bai san sunansa ba, kamar wanda aka tsinta a bakin titi.

'Yan'uwansa Rasta suka zo cike da wata tsohuwar bas, da gangunansu. Babbansu, Bongo Ivan, dattijo mai farin gashi har gwiwa, ya tsaya a bakin shinge ya ƙi shigowa.

"'Yar'uwa, kada ki yi baƙin ciki. Ras bai tafi ko'ina ba. Gaba ya yi kawai."

"Na ji. To wanda ya yi gaban ya bar mini gangar jiki a baya. Ina zan kai ta?"

"Wannan ba hurumin Rasta ba ne."

"Hurumin wa ne? Nawa, da ciwon gwiwa?"

Bongo Ivan ya sunkuyar da kai. Ya ce za su yi kiɗa daga bakin hanya, iyakar abin da za su iya ke nan. Ba ta ji haushinsa sosai ba. Ta zauna da irinsa tsawon rai, ta san roƙo ba ya motsa su.

Saura Egbert. Shi ne mai igiyar awo a garin, shi ke kafa turaku ya sari ƙasa da farko, kuma in bai ɗauki diga ba babu namijin da zai ɗauka. Ta same shi a barandar kanti ana buga wasan domino a kan tebur.

"Miss Icy, ga kujera," in ji wani, don haka ake kiranta a garin.

"Ban zo zama ba. Asabar za a haƙa."

Aka daina buga tebur. Egbert bai ɗaga ido daga 'ya'yan dominon da ke hannunsa ba.

"Wa za a haƙa wa?"

"Egbert, kada ka mai da ni yarinya. Na share maka majina."

"A'a, tambaya na yi. Ai na ji an ce mutumin ba ya mutuwa. A duba bayan gonar rake, wataƙila yana can yana tari."

Wasu suka fara dariya, suka haɗiye ta. Egbert ya kife 'ya'yan dominon a tebur.

"Ranar Carlton ina cikin rami har ƙirji, Miss Icy. Ɗana nake haƙa wa. Ina sara ina ɗaga kai ina duban hanyar tudu, ina cewa yanzu zai ɓullo, ko a bakin shinge ya tsaya. Kin san me na gani? Hayaƙi. Abinci yake dafawa. Ki kira masu gashi su haƙa masa."

Icilda ma ta taɓa duban hanya haka, ranar da aka binne uwarsu. Ta juya ta hau gida, ta aika a kawo akuya.

Asabar da sassafe ta hura wuta kamar an yi mata alkawari. Matan gari suka zo, domin mata ba sa jiran izinin Egbert, suka fere doya da ɗanyar ayaba, farfesu ya tafasa ƙamshinsa ya gangara har kanti. Ga bulo a jere, ga yashi, ga siminti. A bakin hanya Rasta suka kafa tasu tukunyar marar gishiri, suka soma kiɗa a hankali, kamar bugun zuciya. Rana ta ɗaga. Filin yana nan yadda yake, ko ciyawa ba a cire ba. Daga inda take tana hango mazan a barandar kanti, kowa ya sa tsohuwar rigar aiki, wasu ma takalman roba ne a ƙafarsu, amma ba wanda ya motsa. Wata ta ce ko a aika Mandeville a nemo 'yan ƙwadago.

"Ba za a aika ba," in ji Icilda.

Ta sauka tudun da ludayin a hannu, ta manta ba ta ajiye shi ba. Ta tsaya a gaban barandar.

"Ban zo in wanke Hopeton ba. Bai zo na uwarmu ba, na riga ka sanin zafin nan, Egbert. Ba ƙin Carlton ya yi ba, kai ma ka sani. Abin da ya yarda da shi ya riƙe, ya riƙe shi da taurin kai har ya ɓata da kowa. Haka yake, haka ya tafi. Tambaya ɗaya na kawo. Wa ya dafa abinci ranar haƙan kabarin ubanka?"

"Ke ce."

"Na uwarka fa? Na Carlton fa? Kai Mas Vivian da kake ɓuya bayan hula, na matarka fa?"

"Ke ce, Miss Icy."

"To in na faɗi gobe, za ku haƙa mini?"

"Haba, Miss Icy," in ji Egbert. "Wannan ai ba abin tambaya ba ne. Da farcena zan haƙa in babu diga."

"Madalla. Nawan nake so, yau. Ku hau ku haƙa nawa, kusa da uwata, wurin da na keɓe wa kaina, ku sa Hopeton a ciki. Ni in lokacina ya yi kada kowa ya ɗaga shebur. Hukuma ta zo ta ɗauke ni ta kai inda take kai marasa kowa. Kun ji da kunnenku, ba wanda zai zarge ku."

Ba ta jira amsa ba. Ta juya ta kama hanya, kai a sama. Sai da ta sha kwana tsoro ya kama ta, na gaske. Wurin nan ta daɗe tana share shi, tana cire masa ciyawa, tana jin daɗin sanin cewa in komai ya ƙare a gefen uwarta za a ajiye ta. Ta ba da shi da bakinta a gaban shaidu, kuma ta san ba za ta janye ba. Ta isa gida ta tsoma ludayin a tukunya ta ci gaba da juyawa.

Ƙarar ƙarfe ta fara ji, diga na gugar shebur a kafaɗa. Sannan suka ɓullo a jere, Egbert a gaba da igiya a wuya. Da suka zo daidai masu kiɗa, Bongo Ivan ya tsayar da gangarsa ya miƙe tsaye. Egbert ya dube shi.

"Ku ci gaba mana. Ko kiɗan ma ya fi ƙarfinku?"

Ganguna suka tashi. Mazan suka shigo filin ba wanda ya dubi Icilda a ido. Mas Vivian ya zuba ɗan giya a ƙasa kamar yadda aka saba. Egbert ya durƙusa gefen kabarin Miss Adina da ƙyar, gwiwarsa tana ƙara, ya kafa turke, ya ja igiya tsawo, ya kafa wani. Sannan ya ja ta ta faɗi. Ya ja, ya ƙara ja, ya wuce inda kowa ya zaci zai tsaya.

Icilda ta matso, tana goge hannu da zani.

"Egbert, idon naka ya tafi ne? Mutum ɗaya ne fa, kuma siriri."

"Na san faɗinsa. Tare muka yi wanka a rafi."

"To wannan filin ƙwallon na mene ne?"

Ya buga turken ƙarshe, ya dafa ƙasa ya miƙe. Fuskarsa jiƙe take, kuma rana ba ta yi zafin da za a ce gumi ne ba.

"Daga nan zuwa nan nasa ne. Zan haƙa masa a madadin naki, yadda kika ce, don shi ban yafe masa ba tukuna." Ya nuna ɗaya gefen da ƙafa, wanda ke manne da kabarin Miss Adina. "Wannan kuma za mu rufe shi da siminti ya jira ki. Ba a madadin kowa ba ne. Kuma kada ki yi gaggawa, ba mu da mai farfesu."

Ya tofa yawu a tafin hannu, ya ɗaga diga, ya sari jar ƙasar ta gefen Hopeton.